Mai Ruwan Goro, Na Uku Daga Hagu

Gidanmu yana unguwar Maitumbi a cikin garin Minna, ba nisa da hanyar da ta miƙe zuwa Gwada da Kuta. Kakanmu ne ya fara zuwa garin daga ƙasar Zazzau a kan aikin reluwe, tun ana kallon Minna a matsayin mahaɗar jiragen ƙasa kawai, shekaru da dama kafin ta zama hedikwatar Jihar Neja a 1976. Mahaifinmu bai gaji guduma da shebur ba, malamin firamare ya zama, ya kuwa ƙare ƙuruciyarsa da alli a hannu. Mu shida ya haifa, maza huɗu mata biyu. Bai bar mana gonaki ko gidajen haya ba, amma a ɗakin da ke jikin zaure akwai wata kanta ta katako mai hawa huɗu, cike da littattafai. A kan wannan kanta muke son mu yi wa mai karatu bayani, domin a gabanta ne muka tafka kuskuren da har yau in mun tuna sai kunya ta rufe mu.

Tun da muka buɗe ido muka tarar littattafan an jera su ne bisa launi, kuma ba Baba ne ya jera ba, Inna ce. Ita ba ta yi boko ba, ko harafi ɗaya ba ta sani ba, makarantar allo kaɗai ta yi kafin a yi mata aure. Amma ita ce mai share ɗakin, ita ce mai kaɗe ƙura, ita ce mai fitar da littattafai rana in damina ta wuce don gudun gara da sanyin ƙasa. Da ta ga ba ta iya karanta sunayensu, sai ta mayar da kowanne cikin danginsa ta hanyar kalar jikinsa.

A hawa na sama littattafan addini suke, masu takarda ruwan ɗorawa, irin bugun Alƙahira da Bairut: Ahalari da Ishmawi da Iziyya da Risala, da sauran waɗanda ɗalibin fiƙihun Malikiyya yake bi ɗaya bayan ɗaya. Daga baya ne muka gane ashe ba a gidanmu kaɗai ake kiran su da launinsu ba. Larabawa suna ce musu littattafai masu rawaya, haka ma ɗalibai a makarantun addini na ƙasar Indunusiya. Shi kuwa Ahalari, sunan mawallafinsa ne, Abdurrahman al-Akhdari, malamin ƙasar Aljeriya na ƙarni na 16, kuma asalin kalmar a Larabce tana nufin kore. Baba yakan yi raha da Inna ya ce ta ajiye kore a cikin ruwan ɗorawa.

Hawa na biyu na Turanci ne. Mafi yawansu daga jerin marubutan Afirka suke, wanda kamfanin Heinemann ya fara fitarwa a 1962, Chinua Achebe yana mai ba da shawara a kan zaɓen littattafan har tsawon shekara goma. A nan maɗaba'ar da kanta ta sauƙaƙa wa Inna aiki, domin ƙagaggun labarai ruwan goro ake yi musu, waƙa da wasan kwaikwayo kore, waɗanda ba ƙage ba kuwa shuɗi. Na farko a jerin shi ne Things Fall Apart, na biyu Burning Grass na Cyprian Ekwensi. Baba yana alfahari da wannan na biyun ƙwarai, saboda a Minna aka haifi Ekwensi a 1921, labarin kuma na Fulani makiyaya ne, irin waɗanda muke gani suna ratsa bayan unguwarmu da shanu. Yakan ƙara da cewa Ben Okri ma, wanda ya ci kyautar Booker a 1991, a Minna aka haife shi a 1959. Littattafan Abubakar Gimba, ɗan ƙasar Lapai, irin su Witnesses to Tears, suna nan a hawan, kowanne kusa da mai kama da kalarsa.

Hawa na uku na Hausa ne, kuma duk ruwan ƙasa suke. Dalili shi ne sun fi kowane shan hannu, maƙwabta su ara, mu ma mu yi ta juya su, har bangonsu ya yayyage. Sai Baba ya samo takardar buhun siminti, Inna ta dama ƙullun rogo, su yi musu sabuwar riga. A nan Ruwan Bagaja yake, da Ganɗoki, da Shaihu Umar, da Jiki Magayi, waɗanda gasar rubutu ta 1933 ta haifar, da kuma Magana Jari Ce guda uku na Abubakar Imam, wanda shi ma a Kagara aka haife shi a 1911, cikin ƙasar da ta zama Jihar Neja. Hawa na ƙasa kuwa namu ne na yara. Ka Koyi Karatu da Iliya Ɗanmaiƙarfi da The Passport of Mallam Ilia duk Inna ta manna musu ƙyallen jan yadi a ƙeya. Doka ɗaya ce: mai ja ka ɗauka ba tambaya, wanda ba ja ba sai ka wanke hannu ka nemi izini.

Wajen 2003 idon Baba ya fara dushewa. Likita ya ce hawan jinin ido ne, abin da ya tafi ba ya dawowa, sai dai a yi ƙoƙarin tsare saura. Cikin shekara biyu ya daina ganin rubutu. Amma bai rabu da littattafansa ba. Bayan la'asar yakan zauna a zaure, ya kira wani yaro daga cikin ɗaliban unguwa ya karanta masa. Mai ɗauko littafin kuwa Inna ce. Sai ka ji ya ɗaga murya ya ce, "Hajiya, mai ruwan goro, na uku daga hagu." Kafin ya rufe baki ta miƙo ta bayan labule. Shi yana riƙe da taswirar kantar a ka, ita tana riƙe da ita a ido, su biyun suka haɗu suka zama mai karatu ɗaya.

Ana nan sai uku daga cikinmu muka dawo hutu daga jami'a a 2006. Mun ga babban ɗakin karatu, mun ji labarin tsarin Dewey na 1876 mai raba ilimi gida goma, mun koyi jera marubuta bisa abacada. Da muka dubi kantar gidanmu sai muka ga ƙauyanci. Ran nan Baba da Inna suka tafi ta'aziyya Bosso, muka zube littattafan ƙasa gaba ɗaya, muka kwashe yini muna jerawa. Alƙur'anin kakanmu na rubutun hannu kaɗai muka bari a gafakarsa can sama. Sauran kuwa duk harafi muka bi, har Ahalari ya sauko ya zauna tsakanin Achebe da Armah. Muka yanka kwali muka rubuta lambobi muka manna, muna jiran yabo.

Washegari da la'asar Baba ya kira mai ruwan goro na biyar. Muna tsakar gida muna ji. Shiru ta yi yawa. Da muka leƙa sai muka tarar da Inna tsaye gaban kanta, hannunta a sama, tana bin hawa hawa da ido kamar baƙuwar da ta sauka a tashar da ba ta sani ba. Ba ta yi faɗa ba. Ta juyo ta ce, "Ku yaran nan, wa ya rufe mini ido?" Daga zaure Baba ya sake kira. Ta amsa da murya ƙasa ƙasa ta ce, "Malam, yau kam mu biyu ne makafi."

Babban yayanmu ya shiga bayani, wai yanzu abin ya fi sauƙi, kowa ya san harafi zai samu abin da yake nema. Baba ya bari ya gama, sannan ya tambaye shi mutum nawa ne za su rage a gidan in hutu ya ƙare, kuma a cikinsu wa zai ga harafin. Babu wanda ya amsa. Sai ya sa aka sauko da Alƙur'anin kakanmu, ya ce mu buɗe mu gaya masa launi nawa muka gani. Muka ce baƙi na haruffa, ja na wasula, ɗigon ruwan ɗorawa na hamza, da ɗigon kore a kan alifin da ake sadarwa. Ya ce to, alarammomin da suka rubuta wannan da ka sun san launi ma karatu ne, kuma da shi uwarku ta fara sanin inda za ta buɗe baki da inda za ta rufe. Haƙiƙa ƙaramin sani ƙuƙumi ne, garin neman gira mun nemi rasa ido.

Daren nan ba mu yi barci da wuri ba. Muka sake zube littattafan, Inna ta zauna a kan kujera 'yar tsugunno tana nuni da yatsa, mu masu shirin karɓar digiri muna miƙawa. Abin da ya ba mu mamaki shi ne ba launi kaɗai ta sani ba. Ta san wanda ruwan rufi ya taɓa ɗiga wa, ta san wanda Baba ya sayo a Zariya shekarar da aka haifi autarmu, ta san wanda aka ara tun zamanin Shagari ba a dawo da shi ba, har ta bar masa gurbinsa. Da Baba ya gwada ta da kira goma a jere, ba ta kuskure ko ɗaya ba.

Allah ya yi wa Baba rasuwa a 2013. Da aka zo rabon gado, malamin da ya zo ya ce littattafai ma dukiya ce, dole a yi musu kuɗi a sa cikin lissafi. Ra'ayinmu ya rabu. Wasu suka ce a raba kowa ya tafi da nasa don tunawa, wani ya ce a sayar tun gara ba ta riga mu ba, tunda yanzu duk abin da mutum yake so yana cikin wayarsa. Inna ta saurare mu daga cikin takaba, sannan ta aiko a gaya wa malam cewa a cikin tumuninta tana so a fara sa kantar nan da abin da ke kanta, in an yarda. Babu wanda ya iya musu. Da aka ba ta, sai ta ce ta bayar sadaka mai gudana, ladan ya je wa mai su.

Yanzu ranar Asabar da Lahadi ake buɗe ɗakin da hantsi, yaran unguwa su zauna a tabarma. Mun ƙara sababbin littattafai, kuma da muka kawo Season of Crimson Blossoms na Abubakar Adam Ibrahim muka gaya mata akwai ja a sunansa, sai ta ce suna daban riga daban, kuma tunda na manya ne ba zai sauka hawan yara ba. Mun buɗe rajista inda muke rubuta suna da mawallafi da launi da hawa, don mai harafi da mai ido duk su samu shiga. Hannunta ya fara rawa, saboda haka jikokinta ne suke yanka jan ƙyallen yanzu, ita tana duba ko sun manna daidai. Allah ya jiƙan Baba, ya ƙara wa Inna lafiya, amin.