Sarkin da ya miƙa hannu tsallaken kogi

Da yamma, idan rana ta yi sanyi a birnin Vientiane, kowa bakin kogi yake nufa. 'Yan kasuwa su kakkafa rumfuna masu jan rufi, mata su jeru suna motsa jiki da kiɗa, yara suna tsere da kekuna. Ni ma can na nufa a ranar da na sauka a wannan babban birni na ƙasar Lawos. Kada rubutun sunan ya ruɗe ku, na Faransawa ne. A bakin 'yan gari za ku ji kamar suna cewa Wiyang Can.

Lokacin rani ne, kogin Mekong ya ja baya ya bar yashi mai faɗi. Da magariba ta yi sai ga fitilu sun kama a ɗaya gaɓar, kusa ƙwarai. Wancan gefen wata ƙasa ce dabam, Tailan. A nan gefen kuwa akwai wani ƙaton mutum-mutumi na tagulla, takobi a hannun hagu, hannun dama a miƙe yana fuskantar tsallake. Mutane suna ajiye furanni a gindinsa. Wannan shi ne Sarki Anouvong, an kafa shi a 2010. Wasu na cewa hannun na gaisuwa ne ga maƙwabta. Ni dai da na ji tarihin mutumin, sai na ga kamar yana nuna abin da aka ƙwace masa ne.

Ga yadda abin yake. A 1353 wani yarima mai suna Fa Ngum ya kafa daular Lan Xang, wato ƙasar giwaye miliyan. A zamanin nan Mekong a tsakiyar ƙasa yake, mutanen Lawo suna zaune hagu da dama, kwalekwale na kai su gidajen dangi. A 1560 Sarki Setthathirath ya ɗauke fada daga Luang Prabang ya dawo da ita Vientiane, don ya nisanci rundunonin Bama. Daular ta daɗe, sannan rigimar gadon sarauta ta tsaga ta a 1707, kafin a jima ta zama masarautu uku. Gida ya rabu, sai maƙwabci ya samu ƙofa. A 1779 sojojin Siyam, wadda yau ake kira Tailan, suka ci Vientiane, suka tafi da gunkin Buda na koren dutse wanda mutanen birnin suke ɗauka da daraja fiye da komai. Har yau yana Bankok. Ɗakin ibadar da aka gina dominsa a Vientiane an mayar da shi gidan tarihi, mai ɗakin ba ya ciki.

Siyam ce da kanta ta ɗora Anouvong a gadon sarauta, ya kuma yi mata biyayya shekara da shekaru. Amma jami'an Bankok suka shiga yi wa mazan Lawo zane a wuyan hannu, alamar an ƙidaya su cikin masu aikin tilas. A ƙarshen 1826 Anouvong ya ɗaura yaƙi, rundunarsa ta kai har birnin Korat. Bai yi nasara ba. Siyam ta kori mutanensa, ta shiga Vientiane a 1827, a shekara mai zuwa kuma ta rushe birnin ƙurmus. Shi kansa sarkin an kai shi Bankok, aka sa shi a keji a bainar jama'a har ya mutu. Mutanen gari kuwa aka tattara su aka tsallakar da su kogi, aka zaunar da su a ƙasar da Siyam take iko. Bayan kusan shekara 40, da wasu Faransawa masu binciken kogin suka iso, kufai suka tarar daji ya cinye.

Gini guda da ya tsira na je na gani washegari, Wat Si Saket, wanda Anouvong ya gina a 1818. Bangonsa cike yake da ƙananan ramuka, kowanne da 'yan gumaka a ciki, dubbai. Wuri ne shiru, ba kamar bakin kogi ba.

Sai Turawa suka zo suka ƙarasa aikin. A 1893 Faransa ta tura jiragen yaƙi har bakin Bankok, ta tilasta wa Siyam sakin ƙasar da ke gabashin Mekong. Daga nan kogin ya zama iyaka a mafi yawan tsawonsa tsakanin ƙasashen biyu. Abin da ya biyo baya zai ba ku mamaki: yau mutanen Lawos gaba ɗaya ba su kai miliyan 8 ba, alhali yankin Isan na arewa maso gabashin Tailan yana da mutum fiye da miliyan 20, akasarinsu kuma harshen Lawo suke yi a gida. Ɗalibin Katsina da ke da kawu a Maraɗi ba sai an yi masa dogon bayani ba, kuma Faransar dai ce ta ja layin a can ma.

Lawos ta samu cikakken 'yanci a 1953, amma ba ta huta ba. Yaƙin Biyetnam ya malalo cikinta. Daga 1964 zuwa 1973 Amurka ta zuba mata bama-bamai sama da tan miliyan 2, wasu jiragen ma daga sansanonin da ke Isan suke tashi. Da yawa ba su fashe ba, har yanzu manoma da yara suna taka su. A ranar 2 ga Disamba 1975 'yan gurguzu na Pathet Lao suka soke sarauta, suka kafa mulkin jam'iyya ɗaya da ke nan har yau. Dubban ɗaruruwan mutane suka gudu, da yawa ta wannan kogin cikin dare. Ku lura da wani abu: gwamnatin da ta kawar da sarauta ita ce ta kafa wa sarki mutum-mutumi, domin tana bukatar gwarzon da ya tsaya wa maƙwabci.

Rana ta uku na hau motar haya na bi gadar sada zumunta da aka buɗe a 1994 da kuɗin Ostireliya. A Lawos dama ake bi a titi, a Tailan hagu, don haka kafin a hau gadar sai motoci su sauya hannu. A garin Nong Khai na zauna cin abinci, aka kawo mini shinkafa mai danƙo a ɗan kwando, irin wadda na ci jiya a tsallake, ana dunƙula ta da hannu kamar lomar tuwo. Kiɗan sarewar gora da ake kira khaen shi ne dai. Amma allunan shaguna duk da rubutun Tai suke, da shi yara suke karatu a makaranta, kuma mutane sun fi kiran kansu 'yan Isan. Kalmar ma ba sunan ƙabila ba ce, ma'anarta arewa maso gabas.

Daga nan jirgin ƙasa ya kai ni Korat, inda rundunar Anouvong ta tsaya. A tsakiyar birnin akwai mutum-mutumin wata mata riƙe da takobi, Thao Suranari, matar mataimakin gwamnan garin a wancan zamani. An kafa shi a 1934. A makarantun Tailan ana koyar da cewa ita ta shirya wa fursunonin Korat dabarar da suka afka wa sojojin Lawo suka kuɓuta. A nan Anouvong ɗan tawaye ne da ya ci amanar ubangidansa. A tsakiyar shekarun 1990 wata mai nazarin tarihi ta fitar da littafi tana tambayar ko labarin ya faru yadda ake ba da shi, mutanen Korat suka fito zanga-zanga.

Na daɗe a tsaye ina kallon masu kawo furanni da turare. Irin furannin da na gani a gindin Anouvong ne, kuma wasu cikin masu ajiye su, da suka juya suna hira da juna, da harshen Lawo suke yi.