Hirar Kaboyi a Kan Tabarma

Ku matso kusa, sanyin nan ba na wasa ba ne. Yaya, miƙo min butar shayin, ka ajiye wayar nan ta huta. Tun makon jiya nake riƙe da wata magana, na ce ba zan yi ta ba sai mun cika, domin da ku muka yi yawon silima, ku kaɗai za ku gane inda na dosa.

Kun tuna lokacin da muke tara 'yan kwabbai mu tafi Plaza ko Eldorado ranar da aka sa kaboyi? Turancin ba ma jin sa, kuma bai dame mu ba. Abu biyu kawai muke nema, wane ne jarumi, wane ne bos. Da an zo wurin da za su tsaya a tsakiyar titi, hannu na lilo kusa da kuben libarba, sai silima ta yi tsit kamar an yi ruwa an ɗauke. Washegari duk yaron unguwa ya ɓantaro karan dawa ya yi bindiga, kowa yana cewa shi ne Django mai jan akwatin gawa. A lokacin in an ce ɗan bindiga, mai malafa a kan doki ne ke zuwa mana a rai. Yau kalmar ta yi nauyi a bakinmu. Ka faɗe ta a gaban mutumin Zamfara ko Katsina ka ga yadda fuskarsa za ta canza.

To, kwanakin baya na tsaya wurin wani mai sayar da tsofaffin littattafai a bakin titi, na kwaso guda huɗu na labaran kaboyi. Na ce bari in tuna da ƙuruciya. Wallahi abin da na tarar a ciki ya hana ni barci.

Na fara da Shane. Jack Schaefer ne ya fitar da shi a 1949, ɗan jarida ne, kuma lokacin da ya rubuta shi bai taɓa taka yammacin Amurka ba. An yi fim ɗinsa a 1953, Malam na san ka gani. Yaro ne ke ba da labarin. A shekarar 1889, a yankin Wyoming, wani baƙo mai suna Shane ya biyo ta gonar mahaifinsa, Joe Starrett, ya nemi ruwan sha. Daga shan ruwa ya zauna ya zama ɗan ƙodago. Bindigarsa ya naɗe ta a bargo ya ɓoye, ba ya son ko kallonta. Akwai wani tsohon kututture a gonar da ya gagari mai gida, su biyu suka taru a kansa da gatari har suka tumɓuke shi, kusan ba tare da sun ce wa juna uffan ba. A duk littafin babu inda ya taɓa ni kamar nan. Mutum ne da hannunsa ya saba da kisa, yana roƙon a bar shi ya koyi noma.

Amma akwai Fletcher, mai shanu dubbai, wanda ke ganin duk kwarin nasa ne tunda shi ya riga zuwa. Ƙananan manoma sun zo sun kafa shinge, sun tare masa hanyar kogi. Ya yi tayin saye, suka ƙi. Ya tura yaransa su ci musu mutunci, ba su tashi ba. Sai ya yi hayar wani makashi, Stark Wilson, wanda sana'arsa ke nan, ya tsokani manomi da baƙar magana har ya kai hannu ga bindiga, sannan ya harbe shi a ce kare kansa ya yi. Daga ƙarshe Shane ya kwance bargonsa, ya sumar da Joe don kada ya je a kashe shi, ya shiga gari shi kaɗai ya gama da Wilson da Fletcher. Sannan ya hau doki da rauni a jikinsa ya tafi. Ya ceci kwarin, amma babu wurin zamansa a ciki. Mu muna yara tafi muka yi. Yanzu da furfura a gemuna, tausayinsa ne ya kama ni.

Yaya, na ga kana murmushi, na san abin da za ka ce, ai wannan rikicin manoma da makiyaya ne. Akwai ƙamshin gaskiya, tunda ciyawa ce da mashaya da burtali. Amma mu yi hattara. Masu shanun can ba irin Bafulatanin da ke bin garkensa da sanda da gora ba ne. Attajirai ne masu kamfani, wasunsu da kuɗin Ingila da Sikotland suke juyawa, suna zaune a birnin Cheyenne tare da gwamna da 'yan majalisa. Kaboyin da ke kan doki yaron gida ne kawai, albashi yake ɗauka. Kuma filin da suke faɗa a kai, kafin su duka na mutanen asali ne, su Lakota da Cheyenne, waɗanda soja ya kora. Wannan littattafan ba su cika son tsayawa a kai ba.

Ga yadda abin ya faro. A 1862 gwamnatin Amurka ta yi doka cewa duk wanda ya zauna a fili eka 160 ya noma shi shekara biyar, ya zama nasa. A 1874 wani Joseph Glidden ya yi rajistar waya mai ƙaya, shinge ya yi araha. Sai kuma hunturun 1886 zuwa 1887 ya zo da dusar ƙanƙarar da ta kashe shanu ba adadi. Manya suka tafka asara, kuma kun san wanda ya yi asara ba ya rasa wanda zai ɗora wa. Duk ƙaramin mai kiwo da ya sa wa maraƙi lambarsa da ƙarfe mai zafi, sai a ce ɓarawo ne. A 1889 suka kama wata mata, Ella Watson, da abokin zamanta Jim Averell, suka rataye su a bishiya. Ba a hukunta kowa ba.

Sai a watan Afrilun 1892 ƙungiyar manyan masu shanun Wyoming ta yi abin da ko a fim aka nuna za ka ce an yi ƙari. Suka haɗa mutum wajen hamsin, fiye da ashirin daga ciki 'yan bindigar haya ne daga Texas, suka ɗauko su a jirgin ƙasa na musamman, da jerin sunayen waɗanda za a kashe a gundumar Johnson. Aka katse wayar tangaraho. Suka kewaye wata bukka a wurin kiwon da ake kira KC, inda Nate Champion yake da abokinsa Nick Ray. Suka harbi Ray da sassafe, Champion ya ja shi ciki ya cika a hannunsa. Shi kaɗai ya tare su kusan yini guda. Kuma ku ji wannan, tsakanin harbi da harbi yana rubuta abin da ke faruwa a ɗan littafin aljihunsa. Da yamma suka cinna wa bukkar wuta, ya fito da gudu suka bindige shi.

Jinkirin da ya jawo musu shi ya ba mutanen gari damar taruwa. Ɗaruruwa suka fito suka ritsa maharan a wani wurin kiwo mai suna TA. Sarkin yawa ya fi sarkin ƙarfi, har an kusa gamawa da su. Sai gwamna ya aika wa shugaban ƙasa Benjamin Harrison, aka turo sojan doki suka kwashe su, da sunan kamu. Shaidu biyu da suka ga kisan aka fitar da su daga jihar. Gundumar ta kasa biyan kuɗin tsare fursunoni da na shari'a, a farkon 1893 aka kori ƙarar. Ko mutum ɗaya ba a yanke wa hukunci a kan jinin Champion ba. A gaske babu wani Shane da ya zo.

Malam, kai da kake koyar da adabi, ga inda nake son jin ta bakinka. Wannan rikicin guda ya haifi littattafai biyu masu fuska daban. Kafin Shane akwai The Virginian na Owen Wister, 1902, wanda ake ɗauka uban littattafan kaboyi. Wister abokin manyan masu shanun ne, a gidajensu yake sauka. A littafinsa jarumin yaron babban mai garke ne, kuma da hannunsa ya jagoranci rataye amininsa Steve saboda satar shanu, marubucin kuma ya tsaya tsayin daka yana wanke wannan aiki, wai inda kotu ta gaza dole mutanen kirki su karɓi igiya. Na karanta wurin sau biyu, raina bai kwanta ba. Rubutun na da daɗi, shi ya sa ma nake tsoronsa. Mai karatu zai fito yana jin cewa rataya ba shari'a wani nauyi ne da jarumai ke ɗauka.

Ita kuwa tsayuwar nan ta tsakiyar titi da muke so, ta taɓa faruwa, kamar ta Wild Bill Hickok da Davis Tutt a 1865, amma ba kasafai ba. Shi kansa Hickok ta ƙeya aka harbe shi yana karta a Deadwood a 1876. Jesse James ta baya ɗan ƙungiyarsa ya harbe shi a 1882. Billy the Kid a ɗaki mai duhu Pat Garrett ya same shi a 1881. Yawanci kwanton ɓauna ne, irin wanda kowa ya sani.

Zancen ramuwar gayya kuwa, a nan ne gwanayen marubutan suka burge ni, domin ba sa barin mai ramuwa ya tafi da ita kyauta. A Arizona an yi gaba tsakanin gidan Graham da gidan Tewksbury, mutanen da suka fara da abota. Shekara wajen goma ana kashe-kashe, har aka harbe Tom Graham a 1892, mazan gidajen biyu suka kusa ƙarewa. Zane Grey ya gina littafinsa To the Last Man a kan wannan. Amma wanda ya fi zama min a rai shi ne True Grit na Charles Portis, 1968. Yarinya 'yar shekara 14, Mattie Ross, yaron gidansu Tom Chaney ya kashe mata uba. Ta yi hayar wani jami'in tsaro mai ido ɗaya, Rooster Cogburn, ta nace sai an tafi da ita. Ta kuwa riski Chaney ta harbe shi, amma ƙarfin bindigar ya jefa ta cikin rami mai macizai. Aka ceto ta, aka yanke mata hannu. Tana tsohuwa take ba da labarin, ba ta taɓa aure ba, ba ta kuma nuna nadama ba. Portis bai yi mata wa'azi ba, hannun rigarta kawai ya bari a naɗe mu gani. Mu da muka taso da sanin ƙisasi da diyya da afuwa, mun san jini hakkin magada ne, amma ta hannun alƙali ake karɓarsa. Duk labaran nan a ƙasar da alƙali ya yi nisa suke faruwa, ko kuma yana kusa amma a aljihun wani yake.

Zuba min kaɗan, Yaya, saura ɗaya in yi shiru.

Na huɗun shi ne The Ox-Bow Incident na Walter Van Tilburg Clark, 1940. Babu jarumi a cikinsa, babu tsayuwar titi. A wani ƙauyen Nevada a 1885, wani ya shigo a sukwane ya ce ɓarayin shanu sun kashe Kinkaid. Nan da nan maza fiye da ashirin suka hau dawaki. Wani dattijo mai kanti, Davies, ya yi ta roƙo a jira shugaban 'yan sanda, aka ce masa matsoraci. Cikin dare suka tarar da mutum uku suna barci kusa da shanu masu lambar wani mai garke, Drew. Matashin cikinsu, Donald Martin, ya rantse saye ya yi, sai dai ba a ba shi rasit ba. Ya ce a aika a tambaya, tafiyar ba nisa. Aka ƙi. Ya roƙi a bar shi ya rubuta wa matarsa wasiƙa, aka bar shi. Da gari ya waye aka rataye su ukun. A hanyar komawa suka haɗu da shugaban 'yan sandan, tare da Drew wanda ya tabbatar shi ya sayar da shanun, da kuma Kinkaid, da ransa, rauni kawai ya ji a ka.

Abin da ya sa na kasa barci, mai ba da labarin yana cikin taron. Ba mugu ba ne. Zuciyarsa ta gaya masa akwai shakka, amma ya ji kunyar a ga ya ja da baya a gaban maza. Ina karantawa sai na tuna wata rana a kasuwa, shekaru da yawa, da aka yi ihun ɓarawo a kan wani yaro. Ban ɗaga hannu na doke shi ba, amma ban buɗe baki ba, ina tsaye har aka ja shi aka wuce. Har yau ban san ko ya ɗauki abin ba, ban kuma san yadda ya ƙare ba. Ban taɓa gaya wa kowa ba sai ku yau. Ina neman gafarar Allah a kan wannan shirun.

Littafin yana cikin jakata, ga shi. Malam, kai za ka fara, in ka gama ka miƙa wa Yaya. Yaya, kai kuma don Allah ka ba babban ɗanka ya karanta, tunda ya shiga 'yan sintirin unguwa. Ranar Juma'a bayan isha'i mu haɗu a nan, shayi a kaina.