Tanko Ƙanen Mata

Yau hira na kawo mana a kan suna guda ɗaya, sunan da kowaccenku ta sha ji a unguwa ko a gidan biki, amma wataƙila ba ta taɓa tsayawa ta tambayi abin da ke cikinsa ba. Sunan kuwa shi ne Tanko. Ni kam a tsakar gidanmu na koyi ma'anarsa tun ban iya karatu ba, don ina ɗaya daga cikin waɗanda suka jawo shi.

Mu huɗu Inna ta haifa a jere a garin Maiyama, dukkanmu mata, ni ce babba. Na yi wayo lokacin haihuwar ta huɗun, kuma har gobe ba zan manta da ranar ba. Kakarmu wadda ta haifi Baba ta zo ta tsaya a bakin ƙofar ɗaki, ko labule ba ta ɗaga ba, ta ce wa ungozoma, "Mi anka samu?" Ungozoma ta ce, "Ɗiya mace ta." Sai Kaka ta ce, "Kuma dai? To, Allah shi raya." Ta juya ta koma ɗakinta. Ina leƙawa na ga Inna ta juya fuska wajen bango tana share hawaye da gefen zane, alhali ta sauka lafiya, jaririya kuma lafiyayya sumul.

Baba mutumin kirki ne, manomin albasa, bai taɓa zagin Inna a gabanmu ba. Amma kun san shiru ma magana ne. Dangi suka sa shi gaba: gida ba magaji, wa zai riƙe gona, wa zai ɗauki gawa, a ƙaro wata ko a dace. Inna kuwa ta sha rubutu, ta sha saiwa da sassaƙe iri-iri, duk wanda aka ce mata yana juya haihuwa sai ta sayar da kaza ko akuya ta nema. Mu kuma muna nan muna ta share-share da ɗebo ruwa, muna jin ana ƙirga mu kamar asarar da aka tafka sau huɗu.

Ana nan ana nan, a daminar 1991, cikin watan Agusta, a makon da rediyo ya ba da labarin an yanke jihar Kebbi daga Sakkwato, Inna ta sake sauka. Wannan karon Kaka da kanta ta rangaɗa guɗa, har maƙwabta suka fito ba takalmi. Ranar suna aka yanka rago, aka raba goro, liman ya raɗa wa yaro Abdullahi, kamar yadda gidaje da yawa a ƙasar Gwandu ke yi don albarkar Malam Abdullahi ƙanen Shehu Usmanu. To amma tun wanzami bai gama aski ba Kaka ta karɓe shi ta ɗora a cinya ta ce, "Maza sun yi nasu a waje. Nan cikin gida wanga yaro Tanko na." Shi ke nan, suna ya zauna daram. Ko Baba da ya zaɓi Abdullahi, da Tanko yake kiransa.

A nan bari in ɗan tsaya in yi wa ƙannena 'yan mata bayani, don na lura da yawa yanzu ba su san wannan ba. Bahaushe suna biyu gare shi. Akwai sunan yanka, wanda maza ke raɗawa ranar bakwai, yawanci na annabawa da sahabbai. Akwai kuma sunan cikin gida, wanda kakanni da gwaggwanni ke laƙabawa, kuma shi ne ya girmi na farko a ƙasar Hausa. Kafin Musulunci ya kafu irinsa kakanninmu ke sa wa 'ya'yansu, har yau kuma za ku same shi a wurin Maguzawa. Irin wannan suna labari yake bayarwa. Wanda aka haifa ana tsakiyar noma Nomau ne. Wanda ya zo ana ruwa, Anaruwa. Wanda ya biyo tagwaye, Gambo. Wanda ya daɗe a ciki, Shekarau. Mai yatsa shida, Cindo. Wanda 'yan'uwansa suka yi ta mutuwa kafin shi akan ce masa Ajuji ko Bawa, wai a nuna ba a damu da shi ba ko mutuwa ta ƙyale shi. Ga kuma na ranaku, su Ɗanladi da Ɗanlami da Ɗanjuma da Ɗan'asabe. Macen da ta biyo maza ita ce Kande ko Delu. Namijin da ya biyo mata kuwa, shi ne Tanko.

Abin da ya ƙara raya waɗannan sunaye shi ne kunyar mata. Uwa ba ta faɗin sunan ɗan fari, matar ɗa ba ta faɗin sunan suruki, to idan aka mayar wa yaro sunan kakansa dole a nemo abin da za a riƙa kiransa da shi. Ashe ke nan sunan cikin gida gadonmu ne mu mata, mu muke sa shi, mu muke riƙe shi.

Gaskiya ina yarinya na tsani sunan nan. Duk lokacin da Kaka ta ce "Tanko" a kunnena kamar cewa take, "Alhamdu lillahi, mun rabu da wahala." Wahalar kuwa mu ce. Amma duk da haka a bayana ya girma, ni nake goyonsa, ni nake masa wanka, ni nake tauna masa ƙuli.

Ranar da tunanina ya canja, yana ɗan shekara shida ne ya faɗo daga kan jaki ya karye a hannu. Kowa a yankinmu ya san in an ce karaya to sai Aliero, garin albasa da masu ɗori na gado. Baba ya tare mota, muka bi ta Jega muka wuce Aliero, ni ce riƙe da shi don ya ƙi yarda da kowa. Mai ɗorin wani dattijo ne, bai san mu ba, ba mu san shi ba. Yana shafa hannun yana jan yaro da hira don ya ɗauke masa hankali, ya ce, "Mi ne sunanka, jarumi?" Cikin kuka ya ce, "Tanko." Sai tsohon nan ya ɗago ya dube ni ya yi murmushi ya ce, "Ashe ƙanen mata na. Ke ɗaya ta cikin yayyen ke nan. Ku nawa ne?" Na ce mu huɗu. Ya ce, "Kai, yaro ka yi arziki, uwa biyar gare ka."

Wallahi 'yan'uwa, har muka dawo gida maganar nan tana yi mini yawo a kai. Mutumin da bai taɓa taka ƙofar gidanmu ba ya san da zamanmu daga jin sunan ƙanenmu kawai. Ashe ba a zama Tanko sai da mata a gaba. In ba mu, da Abdullahi ne kurum cikin Abdullahi biyar ɗin da ke ajinsu.

Kwanci tashi aka yi ta aurar da mu. Ni aka kawo ni Jega, mai bi mini Aliero, sauran biyun ɗaya Birnin Kebbi, ɗaya Yawuri. Ɗakinmu ya zama wurin ajiye buhunan shinkafa. Kun dai san yadda abin yake ga 'ya mace, in ta fita sai ta zama baƙuwa a gidan ubanta, 'ya'yanta ma sunan wani gida za su ɗauka. Abu ɗaya da ya rage a gidan nan mai shaida cewa mun taɓa zama a cikinsa shi ne idan aka ƙwala kira aka ce Tanko.

Don haka ne ranar da ya gama karatu ya sami aiki, ya zo gaishe ni da abokansa, ya ja ni gefe ya ce, "Yaya, don Allah ki daina kirana da sunan nan a gaban mutane, sunan ƙauye ne, kuma an ce mini ma na Maguzawa ne," sai na ji kamar ya watsa mini ruwan sanyi. Na ce masa, "Tanko Yakasai na Kano da aka yi gwagwarmayar NEPU da shi, ɗan ƙauye ne? Umaru Tanko Almakura ya yi gwamnan Nasarawa daga 2011 zuwa 2019 da sunansa. Ibrahim Tanko Muhammad ya riƙe kujerar Alƙalin Alƙalan Nijeriya daga 2019 zuwa 2022 bai yar da shi ba. Kai mai son ƙwallo, ba kai ka ba ni labarin Ibrahim Tanko ɗan Kumasi ta Gana da ya buga wa Borussia Dortmund a Jamus ba? Batun addini kuwa, Abu Huraira ai laƙabi ne saboda 'yar kyanwarsa, kuma da shi duniya ta san shi. Laƙabin da aka hana shi ne na izgili." Ya yi dariya ya ce, "Yaya ke nan." Amma bai sauya ba. Ni ma na kama bakina, na koma ce masa "Malam", don suna linzami ne, mai shi ya fi sanin inda yake so a ja shi.

To, abin da ya ci Doma ba ya barin Awai. Ya yi aure, yana zaune nan Jega kusa da ni. Haihuwar fari mace, aka yi murna. Ta biyu mace, murna ta ragu. A 2024 matarsa ta haifi ta uku, ita ma mace. Na je barka washegari, na tarar da yarinyar nan zaune a bakin gado, kunun kanwarta ya huce ba ta sha ba, ido ya kumbura. Na ce, "Ke lafiya, ko jikin ne?" Ta ce, "Yaya, tun jiya bai shigo ya gan ta ba. Daga tsakar gida ya ce sannu." Tana faɗa ta juya fuska wajen bango.

Wannan juyawar ita ta kashe mini jiki. Inna na gani sak, Allah Ya jiƙanta, shekara talatin da wani abu baya.

Na fita na same shi a zaure yana latsa waya. Ban ce Malam ba, ban ce Abdullahi ba. Na ce, "Tanko!" Ya ɗago a firgice, don rabon da ya ji sunan a bakina an yi shekaru. Na ce, "Ashe albasa ba ta yi halin ruwa ba. Kai da ka tashi a bayan mata huɗu, kai ne yau kake ɗaure fuska don an haifa maka mace? Hawayen da matarka ke yi a ɗaki, irinsa uwarka ta yi sau huɗu kafin ka zo, ni na gani da idona. Da Baba ya biye wa dangi ya sallame ta a kanmu, ina za a same ka?" Ya sunkuyar da kai.

Na ce, "Kai ka yi boko, ka fi ni sani. Likitoci sun tabbatar ƙwayar mace iri ɗaya ce kullum, X suke ce mata. Ta namiji ce ke zuwa da X ko Y, ita ke sa a sami mace ko namiji da ikon Allah. To laifin me yarinyar mutane ta yi? A Suratush Shura, inda Allah Ya yi maganar kyautar 'ya'ya, mata Ya fara ambata kafin maza. Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, 'ya'yansa maza duk suna ƙanana suka rasu, ta Nana Fatima zuriyarsa ta yaɗu. Shehu Usmanu yana da 'ya'ya maza manyan malamai, amma Nana Asma'u da ta rasu tun 1864 har yau ana karanta rubutunta. Ko ragon suna, a mazhabar Malikiyya da muke bi guda ɗaya ne ga namiji, guda ɗaya ga mace. Kai wa ya ba ka sikelin da kake auna su?"

Ya daɗe bai ce komai ba. Can ya ce, "Yaya, ba ƙinta nake ba. Maganar mutane ce." Na ce, "Ita ce dai ta sa Baba shiru, shirun nan kuma ya ci Inna har ta koma ga Allah. Tashi ka shiga." Ya miƙe ya shiga. Ban bi shi ba, amma ina tsakar gida na ji yana yi wa jaririya kiran salla a kunne, muryarsa na rawa.

Ba zan ce muku ya canja gaba ɗaya ba, zuciya sai Allah. Abin da na sani, ragon da ya yanka ranar suna bai gaza na ɗiyar fari ba, kuma sunan Inna ya mayar wa yarinyar. Da la'asar ana cikin hidima, babbar 'yarsa mai shekara shida ta ji na kira shi, ta zo ta kama mini zane ta ce, "Gwaggo, me ya sa kike ce wa Abba Tanko?" Na ce ta je ta tambaye shi. Ina kallo ya ɗora ta a cinya, ya buɗe hannu yana lanƙwasa yatsu ɗaya bayan ɗaya, yana faɗa mata sunayenmu mu huɗu.

Don haka 'yar'uwa, in Allah Ya jero miki mata, kada ki juya fuska wajen bango, ki sha kununki da zafinsa. In daga baya Ya ba ki namiji, kada ki ji kunyar ce masa Tanko, kuma ki gaya masa ma'anarsa tun yana ƙarami, ya san bashin da ke wuyansa. In kuma bai zo ba, gidanki bai rasa komai ba. Allah Ya raya mana zuriya, mazansu da matansu, Ya jiƙan iyayenmu da suka riga mu gidan gaskiya, amin.