Gurjani: Garin da ya yi wa jarumin fim gunki

Duk wanda ya bar Tibilisi, babban birnin ƙasar Jojiya, ya nausa gabas, tafiyar kamar awa biyu za ta kai shi yankin Kaheti. Ko'ina ka duba gonar inabi ce, ga kwarin kogin Alazani a shimfiɗe, ga duwatsun Kokesas sun tokare sama. A nan garin Gurjani yake. Ƙaramin gari ne, amma a kan tudunsa akwai wani ƙaton gunkin tagulla na wani dattijo mai gashin baki, aikin masassaƙi Merab Berdzenishvili. Wannan dattijo, mai karatu, a cikin fim aka haife shi!

Sunansa Giorgi Makharashvili a fim ɗin Father of a Soldier, wato Mahaifin Soja, wanda darakta Rezo Chkheidze ya yi a 1964. Wanda ya hau rol ɗin kuwa shi ne Sergo Zakariadze. An haifi Sergo a Baku a 1909, ya shafe shekaru yana wasan daɓe a gidajen wasa na Marjanishvili da Rustaveli a Tibilisi. Sai da ya haura shekara 50 wannan rol ya zo masa, lokacin da wasu jaruman tuni an daina kiransu lokeshin.

Labarin ba shi da wani kwana-kwana. Tsohon manomin inabi ya ji an raunata ɗansa Goderdzi a Yaƙin Duniya na Biyu, ya tafi duba shi asibiti. Kafin ya isa, yaro ya warke ya koma fagen daga. Maimakon tsoho ya juyo gida, sai ya sa kaki, ya bi rundunar Sobiyet har Jamus. Akwai wani sin da har yau ake maganarsa: tankar yaƙi ta kutsa gonar inabi, tsoho ya sha gabanta yana zazzaga wa matuƙin masifa, alhali gonar ta abokan gaba ce. Wanda ya ga yadda mutanen Kaheti ke lallaɓa kurangar inabi kamar jariri, ba zai yi mamakin wannan faɗa ba. A ƙarshe uba ya gane muryar ɗansa a saman bene, amma kafin ya kai gare shi an harbe shi, ya cika a hannunsa. Babu rawa, babu soyayya, fim ɗin ma baƙi da fari ne, amma sai mai taurin zuciya ne zai gama kallo bai share hawaye ba.

Jojiya ta tura mutum kusan 700,000 wannan yaƙi, kusan rabinsu ba su dawo ba. Shi ya sa kowane gida ya ga nasa uban a fuskar Sergo. A 1965 ya lashe kyautar gwarzon jarumi a bikin finafinai na Mosko, a 1966 aka ba shi kyautar Lenin. A 1970 ya fito a Waterloo a matsayin Blücher, tare da Rod Steiger da Christopher Plummer.

Ya rasu a 1971. Kabarinsa na kan dutsen Mtatsminda, inda Tibilisi ke binne manyan marubutanta da 'yan wasanta, kusa da cocin da ke hango birnin gaba ɗaya.