Lalomanu: Ƙauyen da Ya Yi wa Tekunsa Doka

A can ƙuryar gabashin tsibirin Upolu, a ƙasar Samoa da ke tsakiyar tekun Fasifik, akwai wani ɗan ƙauye da ake kira Lalomanu, cikin gundumar Aleipata. Wurin zamansa siriri ne ƙwarai. Tudu mai tsayi ya tokare shi ta baya, farin rairayi da teku suna gabansa. Daga bakin gaɓa ana hango tsibirin Nu'utele, inda aka taɓa killace kutare a farkon ƙarni na 20, yanzu kuwa sai tsuntsaye da kunkurun teku masu zuwa yin ƙwai.

Jamus ta mallaki ƙasar daga 1900, New Zealand ta karɓe ta a 1914, aka samu 'yancin kai a 1962. Duk wannan sauyin hannu bai raba ƙauyuka da majalisarsu ta shugabannin zuri'a, wato matai, ba. Su ke da ta cewa a kan gona, su ke da ta cewa a kan ruwa.

Abincin mutanen yana cikin ruwan da ke tsakanin gaɓa da duwatsun murjani. Sai aka wayi gari wasu na kamun kifi da nakiya, wasu da gubar saiwa, ga guguwar Ofa ta 1990 da ta Val ta 1991 sun farfasa murjanin. Kifi ya ja baya. Daga 1995 hukumar kamun kifi ta ƙasar ta ɗauki wata hanya da nake ganin hikima ce babba: ta bar wa kowane ƙauye ya tsara dokarsa, ita kuma ta ba ta ƙarfin shari'a. Ƙauyukan Aleipata suka haɗa kai suka keɓe wuraren da ba a jefa ko ƙugiya, kamar yadda ake hana kamun kifi a kogin Matan Fada kafin bikin Argungu. An haramta nakiya da guba. Wanda ya karya doka, majalisar ƙauye ce za ta ci shi tara, a gaban danginsa, kuma kunyar ta fi tarar ciwo.

Safiyar 29 ga Satumba, 2009, girgizar ƙasa mai ƙarfin maki 8.1 ta tayar da igiyar tsunami. Cikin 'yan mintoci ruwa ya afka wa Lalomanu, tudun nan na baya ya hana mutane da yawa hanyar tsira. Kusan mutum 190 suka rasu a Samoa da Samoa ta Amurka da Tonga, kuma Lalomanu na cikin inda aka fi yin asara. Iyalai da dama sun kwashe sun koma gonakinsu na kan tudu, cikin gwaza da kwakwa. A bakin gaɓa an sake kafa rumfunan baƙi masu yawon buɗe ido, kuma murjanin da kifin da aka tsare su ne baƙin ke biyan kuɗi su zo kallo.