Ɗorawar Gwaggo da wayar wuta

A ƙasar Ruma, lokacin muna yara, mutum kan mallaki gona amma itacen da ke tsakiyarta na wani ne. Da aka raba gadon kakanmu a Wagini, Baba ya sami gonar bakin hanyar Batsari, Gwaggo kuma, yayarsa, aka ba ta ɗorawar da ke ciki. Ba ƙaramin rabo ba ne. Kalwa ta yi daddawa, gari mu sha da ruwa har bakinmu ya yi rawaya, makuba kuma magina su saya don shafen katanga. Da kuɗin daddawar nan ta yi wa 'ya'yanta mata kayan ɗaki.

Sai ga 'yan awo da turaku masu jan fenti. Aka ce wuta za a jawo, kowa na murna, har da Gwaggo. Turaku suka ratsa gonar, ɗorawa kuwa tana daidai kan layin.

Sai da na girma na gane dokar da ta yi aiki a kanmu. Tun 1978, zamanin mulkin soja na Obasanjo, Dokar Amfani da Ƙasa ta damƙa ƙasar kowace jiha a hannun gwamna, mu masu gona haƙƙin amfani kawai ya rage mana. In aikin jama'a ya taso, ba a biyan kuɗin ƙasa, sai na abin da ke kanta: shuka, gini, itatuwa masu amfani. Waya kuma tana da hurumi. A ƙa'idar yau ƙaramin layi irin na ƙauye yana cin mita 11, babba kamar wanda ya tashi daga Katsina zuwa Gazawa yana ba Maraɗi wuta mita 30, mafi girma kuma mita 50. Ana iya noma gero a ƙarƙashi, amma ban da gini da dogon itace.

Mai ƙiyasta diyya ya zo da takarda, ya tambayi mai gona, ya rubuta ɗorawa ɗaya da sunan Baba. Takardarsa ba ta da gurbin mai itace daban, kuma bai tambaya ba. Aka sare ɗorawar da rani, tana ɗauke da tuntu jajaye. Kuɗin ma sai da aka kusa mantawa suka fito, Baba ya sayi taki.

Gwaggo ba ta yi ƙarar masu wuta ba. Da wane lauya, da wane kuɗin mota zuwa Katsina? Wanda hannunta ke iya kaiwa ta kama, wato ƙanenta. Mai gari ya ce a je gida a sasanta, ta ce, "Ranka ya daɗe, a gidan aka cinye ni." Aka tafi gaban alƙali. Aka kira dattawan da suka ga rabon gado, suka tabbatar itace nata ne. Baba ya ce, "Allah gafarta Malam, ni sunana aka kira na karɓa." Alƙali ya ce sunan da ke takarda bai soke gado ba, a mayar mata.

Hukuncin ya yi daidai, amma har yau ina ganin an yi shari'ar ne babu mai laifin a wurin. Kuɗin ba su kai na kalwar 'yan shekaru ba, kuma babu wanda aka tambaya yadda aka yi wa itacen da ya girmi Baba wannan farashi.

Baba ya sayar da rago ya biya. Sallah ta zo Gwaggo ba ta aiko mana da tuwo ba, sai da wata rasuwa ta haɗa su suka koma gaisawa. Daddawa kuwa ba ta daina ba, kalwar ce ta koma saye da tiya a kasuwar Batsari.