Idon mai gida a jikin bango

Yau labarin wani silima zan ba ku, wanda na gani tun ina makarantar horon malamai.

An yi shi a Amurka a shekarar 1936. Wanda ya yi shi Cali Caplin ne, ɗan gajeren nan mai guntun gashin baki da sanda, wanda ake kira Sharlo. A ciki Sharlo lebura ne a gidan ƙira. Aikinsa ɗaya tak, ɗaure noti. Ƙarafa na wucewa gabansa ba tsayawa. Ko susa ya tsaya yi, aiki ya wuce shi.

Mai gidan yana zaune a biro, yana karanta jarida. Gabansa akwai allo kamar na telebijin, yana ganin kowa. In ya ga dama, sai ya ce a ƙara wa inji gudu. Sharlo ya zagaya bayi, ya kunna taba don ya huta kaɗan. Sai ga fuskar mai gida, ƙatuwa, a jikin bango, tana daka masa tsawa ya koma aiki! Har inji aka kawo mai ba mutum abinci a baki, don kada a ɓata lokacin ci. Daga baya kan Sharlo ya juye, hancin mutane ma ɗaurewa yake, sai asibiti.

Ran nan mun yi dariya har da hawaye.

Bara ƙanena ya dawo daga birni, inda yake tsaron kanti. Ya ce akwai kamara bisa ƙofa. Mai kantin yana wata ƙasa, amma yana kallonsa ta wayar hannu. In ya zauna, waya ta yi ƙara. In abokinsa ya tsaya gaisuwa, waya ta yi ƙara. Abokai suka daina zuwa.

Ku da kuke noma kun san mai gona ma yana sa ido ran gayya. Amma yana tsaye cikin rana ɗaya da ku, ya kawo fura, ku yi masa ba'a. Sharlo ma ya ga fuskar mai tsawar. Ƙanena kuwa wata bakwai bai ga mai kantin ba.

Na tambaye shi inda yake cin abinci. Ya ce bayan buhunan shinkafa, nan ne kamara ba ta kaiwa.